Jibo Bakari (1922–1998)

Jibo Bakari ɗan siyasar Nijar ne mai ra'ayin gurguzu, jagoran jam'iyyar Sawaba, kuma ɗan ƙasa na farko da ya ja ragamar gwamnati tun Nijar tana hannun Faransa. An haife shi a 1922 a Sudure, kusa da Yamai. Ya yi karatu a makarantar William Ponty ta Senegal, ya dawo gida ya kama aikin koyarwa.

A jam'iyyar PPN, reshen ƙungiyar siyasa ta RDA a Nijar, ya fara siyasa tare da ɗan'uwansa Jori Hamani. Da shugabannin RDA suka raba gari da 'yan kwaminisancin Faransa a 1950, Jibo ya ƙi bin sahu. Ya rungumi ƙungiyoyin ƙwadago, a 1954 ya kafa jam'iyyar UDN, wadda daga cikinta Sawaba mai alamar raƙumi ta fito. Ƙarfinsa yana wajen talakawa: direbobi, leburori, teloli da 'yan tireda, waɗanda suka riƙa kai maganarsa kasuwa-kasuwa har Maraɗi da Tasawa da Damagaram. Ya zama magajin garin Yamai a 1956, ya karɓi gwamnati a 1957.

Sai ga ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga Satumba 1958. Janar de Gaulle ya ba ƙasashen da Faransa ke mallaka zaɓi: ko su zauna ƙarƙashin inuwarta, ko su ce a'a su kama gabansu nan take. Jibo ya ce a'a, kamar Seku Ture na Gini. Amma Faransa ba ta da niyyar sakin ƙasar da ke maƙwabtaka da Aljeriya, inda take tsakiyar yaƙi. Aka turo sabon gwamna, Don Jean Colombani, aka janye sarakunan da ke mara masa baya, aka tsorata masu zaɓe. Masu cewa a'a ba su kai kashi ɗaya cikin huɗu ba. Kayen na gaske ne, amma ba a filin adalci aka yi kokawar ba. Jibo ya sauka daga mulki, a 1959 aka haramta Sawaba. Ranar 3 ga Agusta 1960 'yancin da ya nema ya zo, a hannun Jori, shi kuwa yana gudun hijira.

Daga Ghana ya shirya dawowa da makami. Harin da mutanensa suka kai a 1964 ya watse cikin gaggawa, an harbe wasu mayaƙansa a bainar jama'a, gurnetin da aka jefa wa Jori a filin idi a 1965 kuma bai same shi ba. Ɗaukar makami shi ne babban kuskuren Jibo, kuma talakawan da suka amince da shi ne suka ɗanɗana kuɗarsa a gidajen yari.

Ya dawo gida bayan juyin mulkin Seyni Kunce na 1974, amma a 1975 aka kulle shi, ya shafe shekaru a tsare. Ya tsaya takarar shugaban ƙasa a 1993, ƙuri'unsa ba su taka kara sun karya ba. Ya rasu a Yamai ranar 16 ga Afrilu 1998.