Ranar da hal.dll ya ɓace a Zangon Kumasi

Goro ne ya kafa Zangon Kumasi. Bayan yaƙin basasa ya watsa kasuwar goro ta Salaga a 1892, fataken Hausawa suka riƙa gangarowa kudu, daga 1900 kuma suka zauna daram a ƙasar Asante. Shekara ɗari bayan haka, wasu daga jikokinsu a Aboabo da Asawase da Sabon Zango suka tsinci kansu cikin sana'ar da kakanninsu ba su yi mafarkinta ba: jinyar kwamfuta.

Gana ta samu cikakkiyar intanet a 1995, ta hannun kamfanin NCS na Nii Quaynor. Da shekarun 2000 suka kama, tsofaffin kwamfutocin ofisoshin Turai, waɗanda ake kira hom-yus, suka riƙa sauka a tashar Tema suna haurowa shagunan Adum a Kumasi. Daga nan suka shiga unguwa: kafe na intanet, shagon buga takardu, ɗakin wasan yara. Galibinsu Windows XP ke kansu, wadda ta fito a Oktoban 2001.

Da su ne wata cuta ta iso. Mutum zai danna manhaja, sai wani ɗan akwati ya fito ya ce ba a ga fayil kaza ba, sunansa kuma ya ƙare da DLL.

Wanda ya tashi a gidan haya na Zango ba ya buƙatar dogon bayani. Ɗakuna ashirin, famfo ɗaya a tsakar gida. Haka Windows take tun fitowarta a 1985: maimakon kowace manhaja ta taho da nata kayan buɗe taga ko zana hoto, sai a ajiye su a fayil ɗaya, wato DLL, kowa ya ɗiba. Tattali ne mai kyau a zamanin da wurin ajiya ke da tsada. Amma idan ɗan haya guda ya tashi ya kwance kan famfon ya tafi da shi, gida duka zai kwana da ƙishi. Abin da ke faruwa ke nan a zamanin Windows 95 da 98: a cire manhaja ta tafi da fayil ɗin tarayya, ko a sa wata ta danne sabon fayil da tsoho. Microsoft ta sa kariya ga fayilolin tsarin a Windows 2000, a XP kuma ta ba nau'o'i daban-daban na fayil ɗaya damar zama gefe da gefe.

Sai dai Kumasi tana da nata dalilan. Na farko wuta. A 2006 da 2007 ruwan madatsar Akosombo ya ja baya, aka shiga rabon lantarki. Daga 2012 zuwa 2016 kuma aka sha dumsor, kalmar Tuwi mai nufin kashe-kunna. Wuta ta ɗauke kwamfuta na tsakiyar rubutu a faifai, fayil ya tsaya rabi. Na biyu filashi, mai yawo daga kafe zuwa kafe ɗauke da ƙwayar cuta. Maganin cutar kan kama fayil ɗin da ya harbu ya killace shi, a wayi gari cuta ta tafi, manhaja ma ta bi ta.

A nan ake gane gwani. Ɗan koyo yana ganin saƙon zai ce a yi fomat, a share komai, har da hotunan biki da lissafin shagon mai kaya. Wanda ya ƙware yakan tsaya ya karanta sunan, domin sunan ne ke faɗin gidan da fayil ɗin ya fito. Idan XP ta ƙi tashi tana kukan hal.dll, sau da yawa fayil ɗin yana nan lafiya, wani fayil mai suna boot.ini ne ya ɓata masa adireshi. A sa faifan Windows, a buga bootcfg /rebuild, magana ta ƙare. Idan wasan ƙwallo ya nemi d3dx9_43.dll, DirectX 9 za a girka. MSVCR100.dll ɗan gidan Visual C++ 2010 ne. Lambar 0xc000007b kuwa yawanci tana nufin an haɗa fayil mai bit 32 da manhaja mai bit 64. In ana zargin fayilolin Windows kanta, sfc /scannow zai bi su ɗaya bayan ɗaya ya maye gurbin wanda ya lalace.

Hanya mafi muni, wadda abin takaici ta fi farin jini, ita ce sauko da fayil guda daga shafin da ba a san mai shi ba a jefa shi cikin System32, ma'ajiyar fayilolin Windows. Wani lokaci ta yi aiki. Wani lokaci kuma ɓarawo aka buɗe wa ƙofa da hannu.

Microsoft ta daina kula da XP ranar 8 ga Afrilun 2014, a lokacin wayar hannu ta riga ta kwashe wa kafe kasuwa. Masu gyara da dama suka koma kan waya, tsofaffin akwatunan kuma suka nufi wajen 'yan gwangwan a Dagomba Line, inda ake farfasa su a ciri tagulla. Laftof ɗin ɗalibai ne ke zuwa teburin gyara yanzu, sunan da ke fitowa a allonsu kuwa ya zama VCRUNTIME140.dll.