Ikon Alƙali na Ƙara Wa'adin Biya Bayan Sulhu: Waiwaye a Kan Shari'ar Gidaje a Gombe

1.0 Gabatarwa

Shari'ar gida ba ta ƙarewa ranar da aka yi sulhu, sai ranar da kuɗi suka shiga hannun mai haƙƙi. Sau da yawa magada kan amince ɗayansu ya riƙe gidan gado, ya biya sauran rabonsu cikin wa'adi, sai wa'adin ya cika kuɗi ba su cika ba. Wannan maƙala za ta bi tarihin kotunan Gombe domin gano iyakar ikon alƙali a irin wannan hali.

2.0 Kotunan Gombe a Tarihi

Modibbo Buba Yero, wanda ya karɓi tuta daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, shi ya kafa masarautar Gombe, kuma alƙalanta sun yi hukunci bisa mazhabar Malikiyya, suna dogaro da Risala da Muhtasar na Halil da Tuhfa ta Ibnu Asim. Bayan zuwan Turawa, dokar kotunan gargajiya ta 1906 ta bar wa alƙalai shari'ar gado da ta gidaje. An mayar da hedikwatar masarauta Nafaɗa a 1913, sannan Gombe Doma a 1919. Dokar kotunan yanki ta 1967 kuwa ta raba kotuna da En'e, ta kuma soke kotun sarki.

Abin da ya ƙara wa batun nauyi shi ne darajar gidaje. Cinikin auduga da isowar jirgin ƙasa a 1963 sun cika garin da baƙi, sannan a ranar 1 ga Oktoba, 1996 Gombe ta zama babban birnin jiha. Daga nan gida a Jekadafari ko Bolari ko Tudun Wada ya zama dukiyar da jinkirin wata shida kan sauya farashinta.

3.0 Matsayin Malikiyya

Malamai sun bambanta ajali iri biyu. Na farko shi ne wanda alƙali ya yanka da kansa, kuma Tuhfa ta bar tsawonsa ga ijtihadin alƙali. Tushen sassauci a nan shi ne aya ta 280 a Suratul Baƙara, wadda ta yi umarni da a saurara wa matalauci har ya samu. Saboda haka ne Muhtasar ya tanadi a jinkirta sayar da gidan wanda bashi ya cinye kimanin wata biyu, don kada a karyar da shi.

Na biyu shi ne ajalin da ya rataya da haƙƙin wani. Mai neman shuf'a, wato abokin tarayya da ke son fansar kason da aka sayar wa bare, idan ya ce zai karɓa, kwana 3 ake ba shi ya kawo kuɗi, in ya kasa haƙƙinsa ya faɗi. Sulhu shi ma, in an yi shi a kan musayar dukiya, hukuncin ciniki yake ɗauka. Ke nan wa'adin da ke cikinsa sharaɗi ne na masu shi, alƙali ba ya tsawaita shi don tausayi kawai. Abin da ke hannunsa shi ne binciken talaucin mai biya, da jinkirta tilastawa, da neman yardar ɗaya ɓangaren.

4.0 Matsayin Dokar Turawa

Babbar Kotu ta gaji ƙa'idar Ingila cewa hukuncin yarjejeniya hukunci ne yankakke. Kotun Ƙoli ta yi bayanin sharuɗɗansa a shari'ar Woluchem da Wokoma ta 1974, kuma sashe na 241 na Tsarin Mulkin 1999 ya hana ɗaukaka ƙara a kansa sai da izinin kotu. Amma a Ingila, cikin shari'ar Siebe Gorman da Pneupac wadda rahotonta ya fito a 1982, Alƙali Denning ya raba abin gida biyu: akwai umarnin da ke ɗauke da ƙulli na haƙiƙa tsakanin masu shari'a, akwai kuma wanda ɗayansu bai yi musu ba kawai. A na biyun ne kotu ke riƙe da ikonta na ƙara lokaci. Haka nan dokar zartar da hukunci, wadda asalinta ta 1945 ce, ba ta yarda a taɓa gidan mai bashi ba sai an rasa kayan da za su biya, kuma da izinin kotu.

5.0 Kammalawa

Hanyoyin biyu, duk da bambancin tushe, sun haɗu a tambaya ɗaya: wa ya yanka wa'adin? In alƙali ne, yana da ikon ƙarawa. In masu sulhu ne, su ke da shi. Hikimar wannan a bayyane take, domin duk ranar da aka ƙara wa mai biya, daga rabon wani ake cire ta, wataƙila maraya ko macen da ke jiran kuɗin sayen matsuguni, alhali farashi na tashi. Don haka ya kamata takardar sulhu ta fayyace tun farko ko kotu na da ikon ƙara lokaci, da iyakar ƙarin, da makomar gidan da kuɗin da aka riga aka biya idan biyan bai kammala ba.