Cutar ƙanjamau da matsalar tsangwama a Kano

A shekarar 1986 ne Najeriya ta fara bayar da rahoton ɓullar cutar AIDS ko SIDA. Sunayen da Hausawa suka laƙaba mata, wato ƙanjamau da kabari kusa, sun nuna irin tsoron da ta jefa a zukatan jama'a.

An daɗe ana danganta cutar da zina kawai, alhali ana kamuwa da ƙwayar HIV ta ƙarin jinin da ba a tantance ba, da allura ko askar da wani ya yi amfani da ita, haka kuma uwa kan sa wa jaririnta. Ba a ɗaukar ta ta musabaha ko cin abinci a kwano ɗaya.

A yankunan karkara irin su Gwarzo da Kabo a yammacin jihar Kano, inda kowa ya san kowa, gudun tsegumi kan hana mutum zuwa gwaji har sai ciwo ya ci ƙarfinsa, duk da cewa gwamnatin tarayya ta fara bayar da magungunan rage kaifin cutar kyauta a 2006.

A 2014 Najeriya ta kafa dokar haramta nuna wariya ga masu ɗauke da ƙwayar cutar. A watan Mayun 2024 kuma Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu kan dokar tilasta gwajin lafiya kafin aure a jihar Kano, wadda ita ma ta haramta tsangwamar su.