Na'ura a hannun wa? Daga bidiyon Monreyal zuwa tarihin Lugu

A shekarar 1967 kamfanin Sony ya fitar da Portapak, na'urar bidiyo da mutum ɗaya ke iya ratayawa a kafaɗa. A ƙasar Kanada, hukumar sinima ta ƙasa ta damƙa irin wannan na'ura ga kwamitin mazauna Saint-Jacques, wata unguwar talakawa ta Monreyal. Mutanen unguwa suka ɗauki junansu suna bayyana talauci da halin zamansu, sannan suka kalli kaset ɗin a wurin taro, suka tattauna. Fim ɗin VTR St-Jacques na 1969 ya adana wannan aiki.

Idan muka duba Nijar, za mu ga cewa tunanin ya riga na'urar isowa. A 1954 Jean Rouch ya nuna wa Sorkawan Ayoru fim ɗinsa na farautar dorina. Suka ce ya cire kiɗan da ya sa, don farautar a shiru ake yin ta. Ya cire. A 1962 aka kafa ƙungiyar kulob-kulob na rediyo: masu jagorancin taro na ɗaukar muryar manoma a rakoda, da Hausa da Zabarmanci, a watsa a Rediyo Nijar. Amma a nan tacewa na hannun hukuma, a Yamai. Manomi na magana, wani ne ke zaɓen abin da za a ji.

Lugu, a ƙasar Arewa, ta nuna nauyin wannan bambanci. A watan Afrilu na 1899 rundunar Voulet da Chanoine ta yaƙi Sarauniya Mangu, ta ƙona garin, mutane suka rasa gidajensu. Duniya ta san labarin ta hanyar littafin Abdoulaye Mamani na 1980, da Faransanci, da kuma fim ɗin Med Hondo na 1986, wanda aka ɗauka a Burkina Faso. Duka biyu ayyuka ne masu daraja, amma ba da bakin Aznan Lugu aka yi su ba.

Ga mai nazarin harshe, wannan giɓi ne babba: karin Arewanci, kirari da kalmomin tsafi suna ɓacewa a fassara. Saboda haka muke ba ɗalibanmu shawara: duk wanda ya ɗauki murya ko hoto a Lugu, ya koma ya nuna wa masu maganar, ya karɓi gyaransu, ya bar musu kwafi.