Adamu Halilu da Zamanin Majigi a Arewa

Tun kafin talabijin ta shiga gidaje, mafi yawan mutanen karkara a Arewacin Nijeriya sun fara ganin hoto mai motsi ne ta hanyar majigi, wato silimar tafi-da-gidanka wadda gwamnati ke ɗorawa a mota tana zagaya garuruwa da ita, ana nuna wa jama'a kyauta. A ƙasa irin ta Gumel, wadda a yau ta ƙunshi ƙananan hukumomin Gumel da Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar, a wancan zamani kuwa take da En'e tata a cikin Lardin Kano, zuwa silima sai wanda tafiya ta kai shi birni. Can Kano ɗin ma, inda aka buɗe silimar Rex a 1937, mutanen kirki ba su ɗauki gidan silima wurin zuwa ba, kuma gobarar silimar El Duniya ta 1951, wadda ta ci rayuka 331, ta ƙara wa masu ƙyamar wurin hujja. Majigi bai gamu da wannan tsangwama ba, domin da izinin sarki yake zuwa, a ƙofar fada ko ta hakimi ake kafa shi, mata da yara kuma suna fitowa kallo ba tare da an zarge su ba.

Tsarin aikin ba shi da wuya. Motar takan iso da rana, a yi shela, bayan sallar isha'i a tayar da injin wuta, a haska farin allo, sannan mai sharhi ya riƙe lasifika yana fassara abin da ake gani da Hausa, yana ƙara gishiri inda ya ga hankalin jama'a ya fara gushewa. Asalin dabarar ta wani jami'in tsafta ne Bature, William Sellers, wanda ya yi amfani da fim a Legas a ƙarshen shekarun 1920 wajen yaƙi da annobar da ɓeraye ke yaɗawa, daga baya kuma ya jagoranci sashen fina-finan ƙasashen mulkin mallaka da Ingila ta kafa a 1939. Fina-finan wannan sashe suna da aibi guda babba, shi ne an gina su a kan zaton cewa baƙar fata ba ya fahimtar hoto sai an tauna masa, saboda haka labarinsu bai cika wuce mutum biyu ba, mai wayo da ya bi shawarar hukuma ya ci riba, da wawan da ya ƙi ya yi asara.

A cikin wannan harka ta majigi Alhaji Adamu Halilu ya koyi sana'a. An haife shi a Garkida ta ƙasar Adamawa a 1936, ya yi aiki a sashen fina-finai na gwamnatin Jihar Arewa da ke Kaduna, kuma ana lissafa masa fina-finan gaskiya kusan 70 da ya sa hannu a cikinsu. Fim ɗin gaskiya shi ne wanda ake ɗaukar mutane da wurare yadda suke domin a ilmantar, ko da yake a majigi sau da yawa akan saƙa ɗan wasan kwaikwayo a ciki don saƙon ya zauna. Wanda aka fi ambata daga ayyukansa na farko shi ne Mama Learns a Lesson na 1963, mai jan hankali kan kai masu juna biyu asibiti. Cikin jerin da ake danganta masa akwai kuma wani na wannan shekara a kan bushiya, cutar da a lokacin take karkashe shanu garke guda cikin 'yan kwanaki, daidai lokacin da Nijeriya da Nijar da Chadi da Kamaru suka haɗa kai tun 1962 suna yi wa shanu allurar rigakafi. Ga yankin da kasuwar Maigatari ta ranar Alhamis ke tara shanu da raƙuma daga ɓangarori biyu na iyakar Nijeriya da Nijar, irin wannan faɗakarwa ta shafi dukiyar gida kai tsaye, tun da Bafulatanin da bai yarda da mai allura ba yana iya tsallakawa da garkensa cikin dare ɗaya. Sai a 2011 aka tabbatar da kawar da bushiya daga duniya baki ɗaya.

Halilu ba attajiri ba ne mai gina masallatai da rijiyoyi, ma'aikacin gwamnati ne, kuma ba a ɓoye yake ba cewa majigi ya yi wa masu mulki aiki, domin a allon da ake koyar da tsafta da noman auduga, a nan ake nuna Sardauna yana buɗe masana'antu. Duk da haka, taimakon da ya yi wa al'umma na gaske ne, domin yana cikin 'yan Arewa na farko da suka karɓi kyamara daga hannun Turawa suka nuna mutanensu a matsayin masu hankali da tarihi.

Wannan ya fi bayyana a Shaihu Umar na 1976, wanda aka ɗauko daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa na 1934, ta hanyar wasan kwaikwayon da Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka tsara, Umaru Ladan ɗin kuma shi ya fito a matsayin Shaihu. Labari ne na yaron da aka raba da mahaifiyarsa a zamanin cinikin bayi, aka ƙetara Sahara da shi, ya girma ya zama malami, uwar kuma ta bi sawunsa har ita ma ta faɗa bauta. An yi fim ɗin da Hausa tsantsa, Nijeriya ta gabatar da shi a bikin al'adun baƙar fata na duniya da aka yi a Legas a 1977. Bayansa ya yi Kanta of Kebbi a 1978, sannan ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1979. Ya rasu a 2001, lokacin da finafinan kaset na Kano, waɗanda suka soma da Turmin Danya a 1990, suka riga suka mamaye kasuwa, kuma kaɗan daga masu yin su ne suka taɓa ganin aikinsa.

Dalilin rashin ganin kuwa sakaci ne na ajiya. Shekaru da dama ana ɗaukar Shaihu Umar a matsayin fim ɗin da ya ɓace, sai a 2016 aka gano faifansa a cikin tarin gwangwanayen fim na hukumar da aka yi watsi da su. Cibiyar Arsenal ta birnin Balin a Jamus ce ta gyara shi ta mayar da shi na kwamfuta, aka nuna shi a bikin fina-finai na birnin a watan Fabrairun 2018, tsawonsa minti 142.