Waƙar da Su Hui ta saƙa a kan siliki

A zamanin da Sarki Fu Jian ke riƙe da arewacin ƙasar Sin, tsakanin shekarar 357 da 385, wata mace mai suna Su Hui ta saƙa waƙa a kan ƙyallen siliki da zare kala biyar. Ƙyallen bai kai kamu ɗaya ba. Abin da ya iso mana a kofe-kofe shi ne haruffa 841, an jera su sahu 29 a tsaye, 29 a kwance, kamar hatimin da malamai ke zanawa gida-gida. Ana karanta ta daga dama zuwa hagu, a juyo daga hagu zuwa dama, a sauko, a hau, a bi ta karkace, ko a zagaye gefe. Duk inda ido ya bi, baiti ne ke fita, da ma'anarsa da amsa-amonsa. Sunan waƙar Xuanji Tu.

Tsohon rubutun Sinanci ne ya ba ta wannan dama. Kowane harafi gaɓa ɗaya ce, galibi kuma kalma ce mai cin gashin kanta, ba ta sauya siffa don nuna lokaci ko jinsi. Saboda haka idan aka juya jimla, sai ta haifi wata sabuwa. Launukan zaren su ne ke nuna wa mai karatu iyakar kowane yanki, da inda za a yanka baiti a haruffa uku, huɗu, biyar, shida ko bakwai.

Dalilin saƙar ya zo ta hanya biyu. Littafin tarihin daular Jin, wanda aka kammala a 648, ya ce mijinta Dou Tao gwamna ne da aka kora zuwa yankin hamada, ita kuma begensa ya sa ta saƙa waƙar ta aika masa. Littafin ya ƙirga haruffa 840. Harafin tsakiya da ya cike 841, mai nufin zuciya, ana ganin daga baya aka saka shi. Ruwaya ta biyu tana cikin wata gabatarwa da aka yi wa waƙar, ana jingina ta ga Sarauniya Wu Zetian, wadda ta yi mulki daga 690 zuwa 705. A nan kishiya ce sanadi. Dou Tao ya ɗauki wata gwanar rawa da waƙa mai suna Zhao Yangtai, gida ya rikice, da aka tura shi Xiangyang sai ya tafi da ita, ya daina aiko wa uwargida ko da gaisuwa. Da ƙyallen ya isa hannunsa ya karanta, jikinsa ya yi sanyi, ya sallami Zhao Yangtai, ya aika aka ɗauko Su Hui da girmamawa. Na fi amincewa da ruwayar farko don ta girmi ɗayar kuma ba ta da ado, amma ta biyun ce ta zauna a bakin mutane.

Ƙyallen asali ya ɓace, masu kwafa kuma sau da yawa sun yar da launukan, sai karatun ya koma kacici-kacici. Gabatarwar Wu Zetian ta ambaci waƙoƙi sama da 200. Wani malami mai suna Qizong ya fitar da 3,752, sannan Kang Wanmin na zamanin daular Ming ya kai jimillar 7,958. Wannan ƙidaya tana burge ni, tana kuma damuna, domin ta mai da kukan mace guda fagen gwajin basirar maza, har aka fi tuna adadin fiye da abin da take faɗa.

Marubuci Li Ruzhen ya fi su yi wa Su Hui adalci. A farkon ƙarni na 19 ya rubuta ƙagaggen labarinsa Jinghua Yuan, inda aka koro aljanun furanni ɗari daga sama aka haife su 'yan mata a duniya, matafiya kuma suka ratsa ƙasashen al'ajabi, har da wadda mata ke mulki maza na zaman gida. Ya sa zanen Su Hui sukutum a cikin littafin. A labarin, 'yan mata biyu ne suka warware hanyoyin karanta shi, Sarauniya Wu ta ga aikinsu, ta ba da umarnin a shirya wa mata jarrabawar ilimi irin wadda a zamanin Li Ruzhen maza kaɗai ke zama.