Sawun Fatake a Tuwo da Kiɗan Tamale

Bahaushen da ya sauka Tamale, abin da zai fara jan hankalinsa shi ne sunayen abinci. Tuwon masara ko gero ana ce masa "tuo zaafi", shinkafa da wake kuwa "waakye". Duka biyun daga Hausa suka fito, wato tuwon zafi da wake, kuma fatake ne suka bar su. Tun ƙarni na 18 ayarin Kano da Katsina ke ratsa ƙasar Dagomba zuwa Salaga sayen goro. Yaƙin basasa na 1892 ya wargaza kasuwar Salaga, 'yan kasuwa suka watsu. Da Turawan Ingila suka mai da Tamale hedkwatar arewa a 1907, sai zangonta ya haɓaka.

Kiɗa kuwa bai ba da kai haka ba. Lunga ta yi kama da kalangu, amma makaɗanta, lunsi, su ke riƙe da tarihin sarakunan Dagomba. A bikin Damba, cikin watan Maulidi, baƙo zai ji kiɗan, amma abin da gangar ke faɗi sai ɗan gida. Ba'amurke John Chernoff ma sai da ya yi almajirci wurin Alhaji Ibrahim Abdulai kafin littafinsa ya fito a 1979.